Wa Ya Sa Ka Hawaye A Fim? Fashin Baƙi Kan Sana'ar Mai Shimfiɗa Kiɗa

Wata Asabar bayan La'asar na leƙa situdiyon wani ƙanena a Gusau, ɗan ƙanwar mahaifiyarmu. Na same shi ya kashe fanka, ya rufe taga, gumi na bin wuyansa, idonsa kafe a kan kwamfuta. Ɗakin bai wuce shimfiɗar tabarma 3 ba. An lulluɓe bangon da soso da tsofaffin barguna, janareta kuma an kai shi can bayan gida an jawo doguwar waya, don kada ƙararsa ta faɗa cikin makirfo. Ko gaisawa ba mu gama ba ya turo mini kujera ya ce, "Yaya, zauna ka ga wani abu."

Fitowa guda ce daga wani shiri mai dogon zango da aka turo masa daga Kano. Mace na zaune a bakin gado, mijinta ya shigo ya ajiye mata takarda a gefe, ya juya ya fita. Babu wanda ya ce uffan. Duka-duka daƙiƙa 40. Ya fara nuna mini ita zallarta, ba kiɗa ba komai, na ga mutum biyu da takarda kawai. Ya maimaita, wannan karon da wata siririyar sarewa tana tafiya a hankali a ƙasa. Kafin mijin ya kai ƙofa na riga na yanke cewa takardar saki ce, har ƙirjina ya yi nauyi. Ya sake mayar da ita farko, ya cire sarewar ya sa gurmi mai ɗan tsalle-tsalle. Wallahi sai na ga kamar kujerar Makka ya biya mata, har ina hango murmushin da take dannewa. Fuskar matar kuwa ita ce dai, ko ƙifta ido ba a ƙara mata ba.

Marubuci ya rubuta, darakta ya ɗauka, jaruma ta yi abin da aka ce ta yi. Amma wanda ya gaya wa zuciyata abin da ke cikin takardar nan, wani saurayi ne a ɗaki mai zafi a Gusau, wanda sunansa ba ya cikin tallan shirin. Na sha jin masu kallo suna ƙorafin cewa kiɗan finafinanmu duk iri ɗaya ne, da an yi mutuwa ka san sautin da zai biyo baya, da mugu ya leƙo ka san "dum" ɗin da za a buga. Ƙorafin gaskiya ne. Inda ban yarda ba shi ne a ɗora laifin a kan lalaci ko rashin basirar masu kiɗan. Wanda ya ga yadda aikin ke zuwa hannunsu, da lokacin da ake kiransu, da yadda ake sallamarsu, zai yi mamakin yadda ma ake samun na sauraro.

A fara raba abubuwan da mutane ke cakuɗawa. Akwai waƙar fim, wadda kowa ya sani: jarumi da jaruma na motsa baki, mawaƙi na rerawa. Akwai sautin wuri, wato takun takalmi, ƙarar ƙofar langa-langa, carar zakara, hayaniyar kasuwa. Sannan akwai kiɗan da ake shimfiɗawa ƙarƙashin magana da motsi, wanda 'yan sana'ar ke ce wa bakgirawun. Shi ne maganarmu.

A manyan masana'antun fim na Amurka da Ingila da Indiya, aikin nan kashi-kashi ne, kowa da hurumin da yake ci. Akwai mai ƙirƙirar kiɗan, shi ne mai zama ya samo karin da ya dace da labarin. Akwai wanda aikinsa zaɓo waƙoƙin da suka riga suka fita, ya bi masu su ya nemo izini ya daidaita farashi, wannan rabin ransa a ofishin lauya yake. Akwai editan kiɗa, mai yanka da ɗinki har kowane bugu ya faɗa kan hoton da ake so. Akwai mai rarraba wa makaɗa, wanda zai ce wannan layi na masu goge ne, wancan na masu busa. Can ƙarshe akwai mai haɗa sauti, wanda ke auna magana da kiɗa da ƙarar wuri don kada wani ya danne wani. Hatta takun ƙafa da motsin tufafi suna da gwanayensu daban, ana ma kiran sana'ar da sunan wani Jack Foley da ya shahara da ita a kamfanin Universal. Hausawa sun ce taura biyu ba ta taunuwa. Ƙanena biyar ake cusa masa a baki, a kuma ce ana son aikin kafin Alhamis.

Yadda aka zo nan ɗin yana da tarihi. Fim ɗin bidiyo na Hausa ya soma kankama a Kano a 1990, a hannun matasan da suka tashi suna kallon finafinan Indiya a sinima da talabijin. Daga Indiyawa aka ɗauko tsarin mawaƙin bayan fage, wanda irin su Lata Mangeshkar da Mohammed Rafi suka kai shi ƙololuwa. Da fiyanon Yamaha ta shigo situdiyoyin Kano a shekarun 1990, sai aka ga na'ura guda tana kwaikwayon ganga da sarewa da goge, ba sai an tara makaɗa an ba su abinci da kuɗin mota ba. Fim ɗin Sangaya da ya fito a 1999 ya nuna wa 'yan kasuwa cewa waƙa ita ke sayar da kaset. Daga nan kuɗi da hankali suka karkata ga waƙa, har akan yi waƙar kafin a rubuta labarin. Mawaƙa suka yi suna, makaɗan ma suka ɗan samu, tunda mawaƙi kan ambaci mai kiɗansa ko situdiyon a cikin baiti. Kiɗan ƙarƙashi kuwa aka bar wa edita, ya ɗebo duk abin da ya samu a kwamfutarsa, sau da yawa daga finafinan waje, ya liƙa.

Mu a nan Zamfara ba mu kasance a tsakiyar wannan kasuwa ba. A watan Oktoba na 1999 aka ƙaddamar da shari'a a Gusau, gidajen sinima suka rufe, kuma dama can manyan dillalai da situdiyoyi a Kano da Kaduna da Jos suke. Yaron Gusau ko Ƙauran Namoda ko Birnin Kebbi da ke son sana'ar sai ya tattara ya tafi titin gidan zu a Kano, ya zama yaron situdiyo: shara, aike, naɗe waya, kallon hannun maigida, har a fara barinsa ya taɓa fiyano bayan kowa ya tashi. Haka ƙanena ya koya. Akwai makarantar koyon fim a Jos, amma yawancin masu wannan aiki a gindin wani suka koya, sauran kuma a YouTube.

Abin da ya juya lamarin shi ne mutuwar kasuwar faifai da tasowar shiri mai dogon zango. Tashar Arewa24 ta fara a 2014, daga baya furodusoshi suka koma sakin shirye-shiryensu a YouTube mako-mako. A irin wannan shiri waƙa da rawa sun ja baya, magana ta yi yawa, kuma kowane mako akwai kusan sa'a guda da ke neman shimfiɗa. Mai shimfiɗa kiɗa, wanda a da aka mayar ɗan rakiya, yau da shi ake tafiya. Intanet kuma ta sa ba dole ne ya zauna a Kano ba, shi ya sa ƙanena ya dawo gida kusa da mahaifiyarsa.

To yaya ake aikin? A ƙa'ida, bayan an gama yanka hoto an kulle shi, darakta da mai kiɗa kan zauna su kalli shirin daga farko har ƙarshe, suna tsayawa suna yanke shawara: nan kiɗa zai shiga, nan zai fita, nan a bar shi shiru. Ana rubuta kowane wuri da minti da daƙiƙa, har da lambar hoto, domin abin da ido ke gani yana motsi hotuna ne a jere, 24 a daƙiƙa a tsarin sinima, 25 a tsarin talabijin ɗinmu. Wannan zama shi ne ginshiƙin komai, kuma shi ne abin da aka fi tsallakewa a wajenmu. Abin da ƙanena ke samu saƙon murya ne a WhatsApp: "Malam, ga shi nan, ka sa masa abin tausayi, amma ya yi zafi." Sai ya zauna shi kaɗai ya yi ta hasashen abin da ke ran darakta.

Daga nan sai lissafi, don sana'ar da lissafi a cikinta ba kaɗan ba. Ɗauki fitowar nan ta takarda. Idan ya sa gudun kiɗan a kan bugu 90 a minti, daƙiƙa 40 za ta ɗauki bugu 60, wato gaɓa 15 idan kowace gaɓa bugu 4 ce. Amma mijin yana rufe ƙofa ne a daƙiƙa ta 28, kuma nan yake son sautin ya sauya. A wannan gudu, daƙiƙa 28 bugu 42 ce, ta faɗa tsakiyar gaɓa, kunne zai ji kamar an yi tuntuɓe. Sai ya sassauta gudun zuwa kusan 86, yadda bugu 40 cif za su cika kafin ƙofar, sabuwar gaɓa ta tashi daidai da rufewarta. Mai kallo ba zai taɓa sanin an yi wannan ba. Zai dai ji ƙofar ta rufe a ƙirjinsa. Idan kuwa bayan an gama edita ya kira ya ce ya rage daƙiƙa 3 daga farkon fitowar, duk lissafin ya rushe, a koma farko.

Sai rigimar kiɗa da murya. Abin da ke sa a gane kalmomin mai magana yana zaune ne a wani yanki na sauti, wajen girgiza 1,000 zuwa 4,000 a daƙiƙa. Sarewa da algaita da goge su ma a wannan fili suke kiwo. In aka sake su a lokacin da jarumi ke magana, sai ka ga mai kallo yana ta ƙara murya yana cewa "me ya ce?" Gwani yakan rage wa kiɗan ƙarfi a daidai wannan yanki, ko ya koma ga sauti mai kauri har maganar ta wuce. Amma nan ma da tarko. Yawancin masu kallonmu a waya suke kallo, kuma 'yar sifikar waya ba ta fitar da kauri. Na ga ƙanena ya gama haɗa fitowa a manyan sifikoki ta yi daɗi, ya tura ta cikin wata tsohuwar waya mai fasasshen gilashi da yake ajiyewa musamman don haka, ya ɗora ta a kan benci ya ja da baya yana saurare. Rabin kiɗan ya ɓace. Ya koma ya sake. Ya ce mini, "Yaya, ai wannan wayar ita ce alƙali."

Akwai kuma sanin inda za a yi shiru, kuma a ganina nan ake gane wanda ya nuna. A al'adarmu akwai wuraren da kiɗa ba ya shiga ko kusa: inda ake karatun Alƙur'ani, inda ake salla, inda aka ajiye makara. Mai hankali yakan janye tun kafin a kai wurin, ya bar iska da shessheka su yi aikin. Wasu furodusoshi kuwa tsoron shiru suke yi, gani suke duk daƙiƙar da babu kiɗa kuɗinsu ne ya zube. Sai a cika shiri da sauti daga farko har ƙarshe, kunne ya gaji, ya daina ji. Gishiri ne, in ya yi yawa miyar ta tashi daga aiki.

Yanzu ga abin da ya fi ci mini rai. Turawa suna da wata dabara da suke ji da ita, ta ba kowane mutum ko wuri a cikin labari ɗan karinsa na kansa, yadda da an ji shi an san wane ne ke tafe ko da ba a nuno shi ba. Ana koyar da ita a makarantu da dogon bayani. Bahaushe kuwa da ita aka haife shi, sunanta take. Basarake na da takensa, ɗan dambe na da nasa, gari na da nasa. Kayan kiɗan kansu kowanne da gidansa: tambari da kakaki da algaita na sarauta ne, kotso da taushi na makaɗan fada, kalangu na mahauta da 'yan dambe, dundufa ta maƙera, gangar noma ta gayya, shantu da ƙwarya na mata a cikin gida. A Argungu, ranar kamun kifi, makaɗa cikin kwale-kwale suke bin masunta a kan ruwan Matan Fada. Kuma wace ƙasa ce ta fi tamu wannan arziki? Narambaɗa ɗan Tubali ne, Jankiɗi ɗan Rawayya, ga Ɗanƙwairo, ga Sa'idu Faru, ga Kassu Zurmi, a Kebbi ga gidan Ɗandawo a Yawuri. Mai kallo Bahaushe ya riga ya zo da ƙamus ɗin sauti a cikin kunnensa. Bugu biyu na dundufa sun ishe shi ya san an shiga maƙera, ba sai kyamara ta nuna uwar maƙera ba.

Wannan ƙamus ɗin kuwa yana kama mai kuskure. Akwai wani dattijo maƙwabcin situdiyon, makaɗin kalangu ne tun yana yaro, yakan zauna a inuwar ƙofar da yamma. Wata rana ƙanena na aikin wata fitowa ta fada, ya ɗauko wani salon kalangu da ya ji a wani tsohon faifai ya kwaikwaya a fiyano, ya shimfiɗa shi daidai lokacin da sarki ke fitowa. Ƙofa na buɗe saboda zafi. Sai ga dattijon ya leƙo, ya tsaya ya ga hoton, ya ce, "Ɗana, wanga taken mahauta na. Mi yak kawo shi gidan sarki?" Ƙanena ya miƙe tsaye ya ce, "Baba, wallahi daɗinsa kawai na ji." Ya ce, "Daɗi gare shi, amma magana yaka yi, kuma ba da sarki yaka yi ba."

Gaskiyar Baba ke nan. Hausa harshe ne mai karin sauti, hawa da saukar murya na sauya ma'ana, kalangu kuma wannan hawa da sauka yake bi. Makaɗi na matse tsarkiya a hammata, sautin ya tashi, ya sassauta, ya sauko, har ya zama jimla da mai kunne zai fassara. Kalangun cikin fiyano bugu ne da aka naɗa aka daskarar, yana da amon ganga amma bebe ne. Haka goge da algaita, sukan ratsa tsakanin maɓallan fiyano, su tsaya a wuraren da na'urar ba ta da maɓalli. Shi ya sa ko an danna "goge" a fiyano, abin da ke fitowa bai taɓa kama da na bakin kasuwa ba.

To me ya hana a kira masu abin su buga? Lokaci da kuɗi. Ana zuwa wurin mai kiɗa ne a ƙarshe, bayan an biya jarumai, an biya kyamara da fitila, an biya masauki da abincin lokeshin, aljihun furodusa ya yi ƙasa. Abin da ya rage shi ake ba shi a dunƙule, a ciki zai sayi man janareta, wanda tsadarsa ta ninninka tun da aka cire tallafin fetur a watan Mayun 2023, a ciki zai sayi data. In ya ce zai ɗauko mai gurmi da mai kalangu, daga wannan kuɗin ne zai sallame su, kuma naɗar ganga na gaske na cin yini: a saita makirfo, a jira a daidaita sahu ya wuce, a tashi salla, a dawo. Shiri kuwa na fita kowane mako. Wanda aka ba kwana 2 da kuɗin da bai taka kara ya karya ba, dole ya koma ga sautin da ya yi amfani da shi makon jiya. Ga amsar masu tambayar dalilin da kiɗan yake iri ɗaya.

Zama a Gusau ma da nasa harajin. A watan Satumba na 2021, lokacin da aka katse layukan waya a faɗin Zamfara saboda matsalar tsaro, ƙanena na tsakiyar wani shiri. Babu hanyar karɓar hoto, babu ta tura sauti. Sai da ya riƙa zuba aikin a filash yana kai wa direba a tasha, ya bi da shi ta Tsafe da Funtuwa zuwa Kano. Mako 2 furodusan ya jure, a na uku ya ba wani. Ban ga laifinsa ba, shi ma masu kallo ke jiransa. Abin da ke riƙe irin waɗannan situdiyoyi ba fim ba ne ma: waƙar biki ce, da tallan rediyo, da waƙar walimar saukar Islamiyya, da kakar siyasa in ta zagayo. Ga kuma kallon da jama'a ke yi wa sana'ar. Da aka je nema masa aure, kawunmu da aka tambaye shi aikin yaro sai ya ce injiniyan sauti ne. Bai yi ƙarya ba, amma kowa a zauren ya san kalmar da aka kauce wa. Muna son kiɗa a bikinmu, muna ƙyamar makaɗi a zuri'armu, kuma wannan ya sa yara masu baiwa da yawa suna yin sana'ar a ɓoye ko su bar ta.

Saura maganar haƙƙi, wadda ita ce ke raba mai kiɗan da ke tsufa da rufin asiri da wanda ke tsufa hannu rabbana. Kowane kiɗa da ka ji a fim haƙƙi biyu ne a kansa. Akwai na wanda ya ƙirƙiri karin da baitin, akwai na wanda ya mallaki naɗin, wato wannan faifan takamaimai. Mai son sa waƙar wani a fim sai ya nemi izinin duka biyun. A ƙasashen da tsarin ya zauna, kowane shiri yana fita da wata takarda da ke jera duk kiɗan da ke cikinsa: sunansa, wanda ya yi shi, tsawonsa da daƙiƙa, da yadda aka yi amfani da shi. Gidan talabijin na biyan kuɗin lasisi ga ƙungiyar masu haƙƙi, ita kuma ta duba takardun nan ta raba. Faransa ta kafa irin wannan ƙungiya, SACEM, tun 1851, Amurka da Ingila suka kafa ASCAP da PRS a 1914. Ta haka ne mutum zai yi kiɗan shiri yana saurayi, a yi ta maimaita shirin, kuɗi na shigo masa har ya yi furfura.

Mu ma ba a rasa doka ba. Akwai Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Najeriya, akwai sabuwar dokar 2022 da aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, akwai ƙungiyar MCSN ta ɓangaren kiɗa da AVRS ta ɓangaren fim. Dokar ta ce haƙƙi yana farawa ne a hannun wanda ya ƙirƙira sai in an yi yarjejeniyar da ta sauya haka, kuma mallaka shi ga wani ba ya ƙulluwa sai a rubuce. Tana kare kiɗa har shekara 70 bayan rasuwar mai shi, naɗin sauti kuma shekara 50 daga fitowarsa. Ɗanƙwairo ya rasu a 1991. Duk wanda ya yanko muryarsa ya liƙa a fitowar fada ba tare da ya nemi magadansa ba, ya sani dukiyar marayu ya taɓa, ko da niyyarsa girmamawa ce. Amma ina amfanin doka ga wanda cinikinsa duka a saƙon murya aka yi shi, ba takarda, ba lissafin kiɗa, ba rajista da kowace ƙungiya? An nuna shirin a talabijin, an ɗora a YouTube, an yanka gutsattsari an watsa a TikTok, shi kuwa tun ranar da ya ji alat ɗin farko aka gama da shi.

Abin da ya fara tilasta wa furodusoshi sauya hali ba hukuma ba ce, na'urar YouTube ce. Tana da wani tsari, Content ID, mai sauraron duk abin da aka ɗora yana gwada shi da rumbun kiɗan masu haƙƙi. In ta kama daƙiƙu kaɗan na kiɗan wani fim ɗin Indiya ko na Turkiyya a cikin shirinka, mai haƙƙin na iya karkatar da kuɗin tallan zuwa aljihunsa, ko ya toshe shirin gaba ɗaya. Furodusan da ya taɓa ganin wahalar mako guda ta tafi haka, ba sai an yi masa wa'azi ba, da kansa zai nemi mai yi masa kiɗa sabo. Wannan ce ƙofar da ta buɗe wa irin su ƙanena, kuma a ganina yanzu ne lokacin da ya kamata su tsaya a kan sharuɗɗansu, tun ana bukatarsu: a kira su tun ana karanta labari, a ware kuɗin kiɗa tun farkon kasafi har da na makaɗan da za a ɗauko, a rubuta wa ya mallaki me.

Shi dai ya fara daga inda hannunsa ya kai. Ya sayi littafin rubutu irin na 'yan makaranta, duk shirin da ya yi sai ya jera kiɗan da ke ciki, da minti da daƙiƙar da kowanne ya shiga ya fita, ya ɗauki hoton shafin ya tura wa furodusa tare da aikin. Wasu ba sa ko buɗewa. Mutum ɗaya ya yarda ya sa hannu a takarda, ya kuma rubuta sunansa a ƙarshen shiri. Duk ranar Talata da hantsi, lokacin da unguwa ta yi tsit, Baba kan shigo da kalangunsa. Ƙanena na naɗar take ɗaya-ɗaya, yana tambaya yana rubutawa: wannan na wa ne, a ina ake buga shi, me yake cewa, ina ne bai kamata a ji shi ba. Yana biyansa kowane zama, kuma sun rubuta a gaban ɗan Baban cewa duk shirin da bugunsa ya shiga, sunansa zai fito kuma yana da kaso.

Kotso yake nema yanzu. An kwatanta masa wani tsoho a wajen Maradun da ya yi amshi a gidan makaɗan fada tun yana matashi, hannunsa kuma bai mutu ba. Hanyar ce ba ta shiguwa yadda ake so, mahaifiyarsa ma ta ce ba da yawunta ba. An ce tsohon yakan shigo Gusau in ana bikin wani babban gida, don haka ƙanena ya bar lambarsa a wurin mutum 3, ya kuma sayi ƙarin makirfo ya ajiye.